Roy Welensky

Roy Welensky (1907–1991) ma'aikacin reluwe ne da ya zama shugaban ƙungiyar ƙwadago, daga baya firaministan Tarayyar Rodeshiya da Nyasaland, wadda ta haɗa Rodeshiya ta Kudu (Zimbabwe ta yau), Rodeshiya ta Arewa (Zambiya) da Nyasaland (Malawi). An haife shi a Salisbury, wato Harare ta yau. Mahaifinsa Bayahude ne ɗan ci-rani daga Lituweniya, mahaifiyarsa kuma daga zuriyar Turawan Afirka ta Kudu take.

Ya bar makaranta yana ɗan shekara 14. Da ya shiga reluwe, aikin ba da wuta aka ba shi: ya riƙa watsa kwal da shebur cikin murhun injin, idonsa na kan ma'aunin tururi da na ruwa, domin in ruwa ya yi ƙasa tukunyar tana iya fashewa. Daga nan ya kai direba. A shekarun ya kuma riƙe kambin damben boksin na masu nauyi a Rodeshiya ta Kudu.

Yajin aikin reluwe na 1929 bai yi nasara ba, sai kamfani ya tura shi Broken Hill, Kabwe ta Zambiya a yanzu. Sauyin wurin ya zame masa gobarar Titi. A 1933 ya zama shugaban reshen ƙungiya na garin, a 1938 aka zaɓe shi majalisar dokokin Rodeshiya ta Arewa, a 1941 ya kafa jam'iyyar Leba. Ƙungiyar dai ta Turawa ce zalla, kuma babban abin da take karewa shi ne kada a ba baƙar fata ayyukan gwaninta irin tuƙi.

Ya matsa wa kamfanin British South Africa lamba har ya yarda ya riƙa ba gwamnati kashi 20 cikin 100 na kuɗin haƙƙin ma'adinai, tare da alkawarin sakin haƙƙin gaba ɗaya a 1986.

Da aka kafa Tarayyar a 1953 ya zama ministan sufuri, ya gaji Godfrey Huggins a matsayin firaminista a 1956. 'Yan ƙasa ba su taɓa amincewa da haɗin ba, don sun ga mulkin Turawa ne zai dawwama. Dokar ta-ɓaci ta 1959 a Nyasaland da tsare Hastings Banda, jagoran 'yan kishin ƙasar, sun ƙara dagula lamarin. Tarayyar ta rushe ranar 31 ga Disamba 1963.

Ya sha kaye a zaɓen cike gurbi a 1964, ya kuma yi adawa da 'yancin kan da Ian Smith, firaministan Rodeshiya, ya ayyana a 1965. Ya koma Ingila a 1981, ya rasu a Dorset.