Sunayen Hausawa a Jos: Ma'ana da Asali

Sunan Bahaushe kashi biyu ne: sunan yanka da laƙabi. Sunan yanka shi ne wanda liman yake raɗawa a rana ta bakwai da haihuwa, a yanka rago, a raba goro, wanzami ya yi wa jariri aski. Galibinsa na Larabci ne, daga sunayen annabawa da sahabbai da iyalan gidan Manzon Allah (SAW). Harshen Hausa ya lanƙwasa da yawa daga cikinsu: Abubakar ya koma Habu ko Garba, Abdullahi ya koma Audu, A'isha ta zama Indo, Hauwa'u ta zama Kulu. Ana kiran Usman da Shehu saboda girmama Shehu Usmanu Ɗanfodiyo. Gidan da aka jera Muhammadu kuwa, lambobin Larabci ne ke bambanta su: Auwal, Sani, Salisu, Rabi'u, Hamisu, har zuwa Ashiru na goma.

Laƙabi ya fi sunan yanka daɗewa a ƙasar Hausa, kuma shi ne ke ba da labarin yadda aka haifi mutum. Wanda aka haifa ran Laraba Bala ne ko Balarabe, mace Larai. Alhamis ta ba da Ɗanlami da Lami, Jumma'a Ɗanjuma da Jummai, Asabar Asabe, Lahadi Ɗanladi da Ladi. Tanko namiji ne da ya biyo bayan mata, Kande macen da ta biyo bayan maza, Gambo mabiyin tagwaye, Cindo mai yatsa shida. Akwai kuma sunayen 'ya'yan mai wabi, irin su Ajuji, da ake sa wa yaro don a nuna kamar ba a damu da shi ba, ko mutuwa ta ƙyale shi. Alkunya ce ta raya yawancin laƙabai: uwa ba ta faɗar sunan ɗan fari, yaron da ya ci sunan kakansa kuma sai ya tashi a matsayin Abba ko Baba, har wasu abokansa ba su san sunansa na yanka ba.

A Jos al'amarin ya ɗauki wani salo. Haƙar kuza ce ta tara mutane a garin tun farkon ƙarni na 20, daga Kano da Katsina da Bauci da Barno, jirgin ƙasa kuma ya ƙara yawansu. Baƙo a barikin kuza da garinsa ake gane shi, shi ya sa sunan gari ya manne wa sunan mutum. Alamar hakan tana nan a mazaɓun Jos ta Arewa: Ali Kazaure da Ibrahim Katsina sunayen mutane ne da garuruwansu, suka zama sunayen unguwanni. Garba Daho da Abba Na Shehu ma sunayen mutane ne.

Abin da ya fi rikita baƙo shi ne, a Filato sunan Hausa ba ya nuna ƙabila ko addini. Hausa ta zama harshen kasuwa da na coci, musamman bayan fitowar cikakken Littafi Mai Tsarki da Hausa a 1932. Daga nan Bitrus da Bulus da Istifanus da Rifkatu suka bazu, tare da Godiya da Alheri da Murna. Ɗanladi na iya zama Bahaushen unguwar Gangare ta Jos, yana iya zama Birom mai Pam ko Gyang a ƙarshen sunansa. Janar Yakubu Gowon ma, duk da sunansa na Yakubu, Angas ne daga Filato.

Sunan iyali da ake gada kaka da kakanni baƙon abu ne ga Bahaushe. Makarantar boko ce ta fara neman suna na biyu, ɗalibai suka riƙa ba da na uba ko na garinsu, kamar Aminu Kano da Shehu Shagari. Ɗan ƙwallo Ahmed Musa, haifaffen Jos a 1992, ya bi tsarin da ya fi yawa a yau, wato suna da sunan uba. Wannan tsari kan canza a kowane zuriya, domin jika sunan ubansa zai ɗauka, ba na kakansa ba. Rajistar NIN da BVN da jarrabawar JAMB sun matsa wa mutane su tsaya a kan jeri ɗaya, kuma wanda takardar firamarensa ta ce Garba, katin bankinsa ya ce Abubakar, sai ya je kotu ya yi rantsuwa cewa shi ne duka biyun.