Furodusan fim ɗin gaskiya: me yake yi, ina yake samun kuɗi?

Ga darakta a wurin, me ya rage wa furodusa?

Kusan duk abin da kyamara ba ta nunawa. A fim ɗin gaskiya, wato wanda ke nuna mutane da al'amura na zahiri ba wasan kwaikwayo ba, darakta ke cewa a ɗauki nan, a bar can. Furodusa kuwa shi ke nemo kuɗi, ya ɗauki ma'aikata, ya nemi izinin shiga wurare, kuma shi ke ɗaga waya ranar da lauyan wani kamfani ya kira a fusace. A ƙaramin aiki, mutum ɗaya ke ɗaukar kayan biyu.

Yaya ake fim a kan hauhawar farashi ko manhajar waya, alhali ba a ganinsu da ido?

A nan ake gane gwani. Tattalin arziki ba shi da fuska, sai an nemo wanda abin ya faɗo a kansa. A ce direba ne da manhaja ke turo wa fasinja. Ya ajiye mota da tsakar dare, ya duba waya, sai ya ga an rufe masa asusu, babu dalili, babu wanda zai kira. Ya sake latsawa, ya yi shiru. Wannan shirun ya fi masana biyar da aka jera a kujera suna zuba bayani. Masana na da amfaninsu, amma a ganina idan suka cika fim, ya zama shirin rediyo mai hoto.

Sai dai kafin mutum ya bari a ɗauke shi a irin wannan hali, furodusa kan yi watanni yana zuwa wurinsa ba tare da kyamara ba.

Kuɗin fa?

Da wuya su fito daga aljihu ɗaya. Akwai gidajen talabijin masu ɗaukar nauyi ko sayen shiri, irin su BBC, Arte da Al Jazeera, akwai gidauniyoyi, akwai kuma bukukuwan fina-finai kamar IDFA na Amsterdam, wanda aka fara a 1988, da Hot Docs na Toronto, inda ake ba ka 'yan mintuna ka tallata aikinka gaban masu kuɗi. Tarkon da ake gudu shi ne kamfanin da kake bincike a kansa ya zama shi ne mai biya.

Me ke hana fim fita bayan an gama ɗauka?

Takardu. Wanda aka yi hira da shi sai ya sa hannu a takardar amincewa. Tsoffin hotunan bidiyo da kiɗa suna da masu haƙƙin mallaka, kuma sau da yawa da daƙiƙa ake lissafin kuɗin hoton. Wanda ya tona asirin wurin aikinsa kuwa, a rufe masa fuska, a sauya murya, a duba ko agogon hannunsa ko tagar ɗakinsa za su fallasa shi.

Ta ina ake farawa?

Yawanci daga aikin jarida, ko a matsayin mai bincike da ke tono bayanai da lambobin waya wa wani furodusan.