Yaushe 'ya'yan kunkurun teku suke ƙyanƙyashewa, kuma yaya suke kai kansu ruwa?

Wanda ya taso yana ganin kaza ta yi kwanci kwana 21, ta ƙyanƙyashe, ta ja 'yan tsakinta tana tona musu ƙasa, zai ɗauka duk mai yin ƙwai haka take. Kunkurun teku ba haka ba. Uwar tana binne ƙwanta a yashi, ta juya ta koma ruwa, kuma ba za ta taɓa ganin abin da ya fito ba. Aikin da kaza take yi da ƙirjinta, a nan yashi da rana ne suke yinsa.

A ina uwar take yin ƙwan, tunda a ruwa take rayuwa?

A tudu. Ƙwan kunkuru yana numfashi ta ɓawonsa, in ruwa ya daɗe a kansa ɗan da ke ciki zai mutu. Don haka macen takan fito bakin teku, galibi da dare, ta ja jiki har ta wuce inda ruwa yake kaiwa idan teku ya cika. Sai ta share wuri da hannuwan gaba, sannan ta haƙa rami da ƙafafun baya, tana ɗebo yashi da wannan ta watsar, ta ɗebo da waccan. Ramin yakan fito da siffar tulu, wuya siriri ciki mai faɗi, zurfinsa kamar rabin mita.

A ciki take zuba ƙwai kimanin 100. Ƙwan kewayayye ne fari, ɓawonsa mai laushi kamar fata, shi ya sa ba ya fashewa idan ya faɗo kan 'yan uwansa. Ta rufe, ta daddanne, ta watsa yashi ko'ina don ɓatar da sawu. Bayan kamar mako biyu sai ta dawo ta sake wani ramin, haka sau da dama a kaka ɗaya, sannan ta huta shekara biyu ko uku. Masu kallo kan ga hawaye na zuba daga idonta su ce zafin naƙuda ne. Gishirin da ta sha a teku ne jikinta yake fitarwa ta nan, ko a cikin ruwa haka take yi.

Kwana nawa ƙwan yake yi kafin ya ƙyanƙyashe?

Kusan wata biyu. Yawanci tsakanin kwana 45 ne da 70, kuma zafin yashi ne yake yanke hukunci. Yashi mai ɗumi yana gaggauta girman ɗan, mai sanyi ko wanda ruwan sama ya jiƙa yana jinkirta shi.

A wane wata ke nan?

Babu wata guda, kowace gaɓa da kakarta. Nau'in kunkurun teku bakwai ne a duniya, kuma suna yin ƙwai a yankuna masu ɗumi. A jihar Florida ta Amurka, saka ƙwai yana farawa wajen Maris ya kai Oktoba, ƙyanƙyasa ta fi yawa daga tsakiyar shekara. A jihar Odisha ta Indiya, a gaɓar Gahirmatha da Rushikulya, matan wani ƙaramin nau'in kunkuru mai launin zaitun kan fito yin ƙwai dubbai a 'yan darare wajen Fabrairu ko Maris, 'ya'yan kuma su ɓullo a Afrilu ko Mayu, su ma a tare.

A gaɓar Afirka ta Yamma ma ana yi. Koren kunkuru yana cika tsibirin Poilão na Gini Bisau da damina, musamman Agusta da Satumba. Gabon kuwa tana cikin wuraren da kunkuru mai bayan fata, wanda ya fi kowanne girma, ya fi yin ƙwai a duniya. A gaɓar Pongara da Mayumba abin yana kaiwa ƙololuwa a Disamba da Janairu. Haka a Ada Foah ta Ghana, inda kogin Volta ya shiga teku, ƙarshen shekara ne lokacinsu. Hanya mafi sauƙi: ka san watan da uwaye suka fito, ka ƙara wata biyu.

Da gaske ne zafin yashi ne yake sa ɗan ya zama mace ko namiji?

Gaskiya ne, kuma ƙwan kada ma haka yake, ko da yake lissafinsa daban. A ranar da aka saka ƙwan kunkuru ba a san jinsinsa ba tukuna. Sai a tsakiyar zamansa a rami, kashi na biyu cikin uku, zafin da ya samu ya tsayar da maganar. A wajen digiri 29 na ma'aunin Salshiyas, maza da mata kan zo kusan daidai. Idan ya haura 31 kusan duka mata ne, idan ya yi ƙasa da 28 maza ne suka fi yawa. A rami ɗaya ma, ƙwan da ke tsakiya ya fi na gefe ɗumi, domin 'ya'yan da ke girma su ma suna fitar da zafi.

Wannan ne ya sa ɗumamar yanayi ta zama abin damuwa a kansu. Wani bincike da aka wallafa a 2018 kan koren kunkuru na arewacin Great Barrier Reef, wani dogon jerin duwatsun murjani a tekun Ostireliya, ya gano cewa fiye da kashi 99 cikin 100 na ƙananan da suka fito daga can mata ne. Kuma zafi in ya yi tsanani, ba maganar jinsi ake ba, ƙwan ne yake lalacewa. Shi ya sa masu kula da gaɓa a wasu wurare suke yi wa ramuka rumfa ko su yayyafa musu ruwa.

To yaya ɗan da bai kai tafin hannu ba yake fitowa daga ramin rabin mita?

Nan ne abin ya fi ban sha'awa. Ɗan yana da wani ɗan ƙaho mai tsini a kan hancinsa, da shi yake tsaga ɓawon, kuma ƙahon yana faɗuwa bayan ɗan lokaci. Amma tsaga ƙwai daban, fitowa sarari daban. Yakan zauna a ramin 'yan kwanaki. Jikinsa da ya naɗe a cikin ƙwai yana miƙewa, sauran gwaiduwar da ke manne a cibiyarsa tana shigewa ciki. Wannan gwaiduwar ita ce guzurinsa, da ita zai haƙa, da ita zai yi gudu, da ita zai yi iyo na kwanakin farko ba tare da ya ci komai ba.

Haƙar kuwa aikin gayya ce. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka, ɗa ɗaya tak da wuya ya fito da ƙarfinsa. Idan na ƙasa ya motsa sai motsin ya bi sauran. Na sama suna kankare rufin, yashi yana zubowa, na tsakiya suna mutsu-mutsu yana ratsa su, na ƙasa suna tattake shi. Rufin yana yin sama, daɓen ma yana tasowa, sai ɗakin gaba ɗaya ya riƙa hawa da su. Su yi aiki su huta, su sake. Hawan kan ci kwana uku zuwa bakwai.

Da sun zo dab da sama, idan suka ji yashin da zafi, sai su tsaya cak. Zafi alamar rana ce, rana kuwa tana busar da su, tsuntsaye kuma suna gani. Suna nan kwance ƙarƙashin yashi kaɗan har sai ya huce. Shi ya sa yawancin fitowa da dare ne, ko da yake ruwan sama ko lumshin hadari kan yaudare su su fito da rana. Wanda ke tsaye a wurin zai fara ganin yashin ya ɗan lotsa kamar bakin ƙwarya. Sai ɗan baƙin kai ɗaya ya leƙo, ya tsaya shiru kamar mai barci. Can sai wurin ya hau tafasa kamar tukunyar wake, su yi ta bulbulowa, cikin 'yan mintuna ramin ya zama wayam. Kowanne tsawonsa kamar santimita 5, nauyinsa giram 20 zuwa 25.

An ce sai da farin wata suke fitowa, wata ne ke nuna musu hanya?

A'a, suna fitowa ko da wata ko babu. Abin da suke bi shi ne ɓangaren da ya fi haske a ƙasa-ƙasa, suna guje wa duhun tudu da itatuwa. A gaɓar da ba kowa, saman teku ya fi bayan gari haske ko da taurari kawai. Wannan dabara ta ishe su tun fil azal, sai da lantarki ya zo. Fitilar otel ko ta titi ta fi teku haske, sai su juya mata, su yi ta tafiya har gari ya waye, ƙarfinsu ya ƙare, ko mota ta taka su. Garuruwa da yawa na gaɓar Florida sun kafa dokar rage fitilu a kakar kunkuru: a kashe, a rufe labule, ko a sa ja da ruwan goro waɗanda ba su cika ruɗa su ba.

Da sun shiga ruwa sai su fuskanci igiya, domin igiya daga tsakiyar teku take zuwa. Idan sun yi nisa, sai su koma ga maganaɗisun ƙasa, wato ƙarfin nan da ke juya allurar kamfas zuwa arewa. Kenneth Lohmann na Jami'ar North Carolina da abokan aikinsa sun nuna cewa ɗan kunkuru yana jin wannan maganaɗisu, yana kuma saita tafiyarsa da shi. Kwana guda cur yake iyo kusan ba hutawa, don ya bar ruwa maras zurfi inda kifaye ke jira.

Nawa ne suke tsira?

Kaɗan ƙwarai. Ƙiyasin da aka fi ambata shi ne ɗaya cikin 1,000 ke kaiwa girma. Tun a rami karnuka da guza da mutane ke tone ƙwan. A kan yashi kaguwa da tsuntsaye, a ruwa kifi. Fitowarsu a tare ita ce kariyarsu, mai farauta ba zai iya cinye ɗari a lokaci guda ba.

In mutum ya tarar da su, ya kwashe su ya kai ruwa?

Ya bar su su yi tafiyarsu. Ya kashe tocila, kada ya haska su da waya, ya tsaya ta bayansu, ya kori kare. Idan akwai rami ko shara a hanyarsu ya gyara. Waɗanda suka ɓace suka nufi titi, a kira masu kula da gaɓar. Ƙwai ma kada a taɓa: bayan 'yan sa'o'i da sakawa ɗan yana manne wa ɓawon ta ciki, juya shi kawai ya isa ya kashe shi.

Daga nan ina suke tafiya?

Tsakiyar teku, inda da yawa suke fakewa cikin ciyawar ruwa mai yawo, suna cin ƙananan halittu. Archie Carr, masanin Jami'ar Florida da ya fara bibiyar koren kunkuru a Tortuguero ta Kosta Rika a shekarun 1950, shi ya yayata kiran wannan zango da ɓataccen lokaci, don ba mai ganinsu. Sukan koma kusa da gaɓa bayan shekaru, sun kai faɗin faranti.

Balaga tana ɗaukar lokaci, ƙananan nau'i shekara 10 zuwa 15, koren kunkuru fiye da 20. Namiji kusan ba ya sake taka tudu. Macen kuwa takan koma yankin da aka ƙyanƙyashe ta. Koren kunkurun da ke kiwo a gaɓar Burazil yana ratsa teku fiye da kilomita 2,000 zuwa ɗan tsibirin Ascension da ke tsakiyar Atlantika, macen ta haƙa raminta a can.