Aktan: amsoshin tambayoyin da ɗalibai ke ta maimaita mini

Da zarar lokacin rubuta kundi ya kama a nan Gusau, sai wayata ta cika da saƙonni iri ɗaya a kan kalmar aktan ta nazarin labari. Wasu daga Ƙauran Namoda, wasu daga Talatar Mafara, har da malaman sakandare na Argungu da Yawuri masu ƙarin karatu. Na gaji da amsa wa mutum ɗaiɗai. Ga amsoshin nan wuri guda, wanda ya sake tambaya nan zan turo shi.

Malam, aktan shi ne tauraro?

A'a. Da wannan na fara domin shi ne kuskuren da ya fi ɓata mini rai, kuma shi na fi gani a kundaye. Tauraro yana da suna da gari da hali, ana iya cewa dogo ne ko mai rowa ne. Aktan gurbi ne na aiki a cikin labari. Dubi sarautar Sarkin Fawa: mai riƙe da ita yau zai kau, gobe a naɗa wani, sarautar tana nan da aikinta. Mutumin shi ne tauraro, kujerar ita ce aktan. Wanda bai riƙe wannan ba, kada ya wuce zuwa tambaya ta gaba.

To me za mu kira shi da Hausa?

Ni "gurbin aiki" nake cewa a aji. Wasu suna barin kalmar yadda ta zo daga Faransanci. Ɗauki ɗaya, ka bayyana ta a babin farko, kada ka sauya a tsakiyar aiki. "Jarumi" da "ɗan wasa" kam ban yarda da su ba.

Gurbin guda nawa ne?

Shida, bibbiyu. Mai nema da abin nema, buri ne ya haɗa su. Mai aikowa da mai amfana, aike ne ya haɗa su. Mataimaki da mai hanawa, su kuma a kan iko suke ja: ɗaya yana ƙara wa mai nema ƙarfi, ɗaya yana rage masa.

Ɗauki labarin da kowa ya sani tun firamare. Bayajidda ya iso Daura da dare, ya sauka wurin tsohuwa Ayana, ya nemi ruwa. Ta ce ba a samun ruwa sai ranar Juma'a saboda macijiyar da ke rijiyar Kusugu. Shi ne mai nema, ruwa abin nema, macijiya mai hanawa. Guga da wuƙar da maƙeran Gaya suka ƙera masa mataimaka ne. Ƙishirwa ta tura shi, mutanen gari suka amfana. Da gari ya waye kuwa sai komai ya juya: Daurama ta zama mai nema, wanda ya kashe macijiya ya zama abin nema, fadawan da suka yi iƙirarin su ne suka zama masu hanawa, kan macijiyar da ya ajiye ya zama mataimaki. Mutum ɗaya ne, amma ya sauya kujera tsakanin dare da safiya. Kun ga abin da ya sa na ce tauraro daban, aktan daban.

Abu marar rai yana iya zama aktan?

Yanzu na ambaci guga da wuƙa da ƙishirwa. Ku riƙa karantawa kafin ku tambaya.

Wa ya ƙirƙiro kalmar?

Daga nahawu ta fito. Lucien Tesnière, masanin harshe Bafaranshe, shi ya yi amfani da ita a littafinsa na ginin jimla da aka buga a 1959, shekara biyar bayan mutuwarsa. Yana kallon jimla kamar ɗan ƙaramin wasan kwaikwayo: aikatau shi ne abin da ke faruwa, masu hannu a cikinsa su ne aktan. "Bala ya ba Hassi goro" tana da uku, mai bayarwa da abin da aka bayar da wadda aka ba. Ko ka ƙara "jiya a kasuwar Tudun Wada", ba ka ƙara aktan ba, lokaci da wuri kawai ka faɗa.

Algirdas Julien Greimas, ɗan Lituweniya da aka haifa a 1917, ya koyar a Iskandariya ta Masar kafin ya zauna a Faris inda ya mutu a 1992, shi ya ɗauko kalmar ya kai ta cikin labari a 1966. Ya ɗora ne a kan aikin Vladimir Propp na Rasha, wanda a 1928 ya nazarci tatsuniyoyi 100 na ƙasarsu ya ga ayyuka 31 ne ke maimaituwa a cikinsu, masu yin su kuma rukuni 7 ne. Greimas ya tace bakwai ɗin nan suka dawo shida. Don Allah ku daina rubuta cewa Propp ne ya kawo aktan shida. Duk shekara sai na gyara wannan.

Malam, littafin da nake nazari labarin wata yarinya ne da ubanta ya yi wa amininsa alkawarin aurenta, ita kuwa karatu take so. Babu wanda ya aike ta. Wa zan sa a gurbin mai aikowa? Ƙawata ta ce in rubuta ƙaddara.

'Yata, wannan ita ce tambayar da ta cancanci a zauna mata, kuma kada ki ji kunya don ta tsayar da ke. Gurbin mai aikowa shi ya fi wahalar da kowa. Amsar da zan ba ki tana da "amma" da yawa, ki yi haƙuri da su.

Kafin ki taɓa mai aikowa, tabbatar da abin nema tukuna. Kin ce karatu. Mai yiwuwa ne, amma duba ƙarshen littafin. In an aurar da ita ga wanda ya bar ta ta ci gaba da makaranta kuma hankalinta ya kwanta, to karatun ne. In an ba ta damar karatun amma ta ci gaba da bijirewa, to abin da take nema a bar ta ta zaɓa, karatu hanya ce kawai. Wannan ɗan bambancin zai sauya sauran gurabun duka.

Daga nan ki yi wa littafin tambaya biyu. Wa ya sa ta ga abin nan yana da daraja har ta tashi nemansa? Kuma wa ke da bakin cewa ta yi daidai ko ta yi kuskure a ƙarshe? A ayyukansa na baya-baya Greimas ya nuna mai aikowa sau biyu yake bayyana, a farko ya ɗora aiki, a ƙarshe ya yanke hukunci. Tuna gasar kamun kifi ta Argungu. Masunci ya faɗa ruwan Matan Fada da homa da gora, babban kifi yake nema. Waɗanda suka sa kyauta suka ba da alamar farawa, su ne kuma za su ɗora kifin a sikeli su faɗi gwani. Wannan shi ne cikakken mai aikowa. A littafinki yana iya zama malamar da ta fara yaba mata a aji, ko wasiyyar uwa, ko wahalar da ta ga yayarta ta sha. Yana iya zama ita kanta yarinyar, domin tauraro ɗaya yana riƙe gurbi biyu. Yana kuma yiwuwa wanda ya tura ta daban, wanda ya yanke hukunci daban, misali malama ta tura ta, alƙali ko kakanta ya raba gardama. In haka ne ki rubuta su duka biyun, ki faɗi cewa gurbin ya rabu.

Uban kuma fa? A jadawalinta, wato zanen gurbi shidan nan, mai hanawa ne, wannan a fili yake. Amma in kika tsaya nan kin zalunci littafin. Zana jadawali na biyu ki sa shi a mai nema. Me yake nema? Ya cika alkawari, kada a ce dattijo ya yi magana biyu. Wa ya aiko shi? Amanar da ke tsakaninsa da amininsa da idon jama'ar unguwa. Wa ke hana shi? 'Yar cikinsa. Ki ajiye jadawalin biyu gefe da gefe, za ki ga kowannensu yana da abin da yake karewa, kuma a daidai inda suka yi karo ne jigon littafin yake. Uwar yarinyar ma ki lura da ita. Sau da yawa za ki same ta da dare tana share wa 'yarta hawaye, da rana tana bayan mijinta saboda kara. Kada ki tilasta mata gurbi ɗaya. Sa ta a mataimaki da lambar shafi, sa ta a mai hanawa da lambar shafi.

Sai batun ƙaddara, wanda nake so ki saurare ni a kansa da kyau. Mu Musulmi mun yi imani babu abin da ke faruwa sai da hukuncin Allah, wannan ba abin gardama ba ne a wurina. Amma jadawalin nan tambayarsa ƙarama ce: a cikin wannan littafin, me marubuci ya nuna ya motsa wannan yarinyar? In kika rubuta ƙaddara a nan, ƙawarki ta rubuta ƙaddara a nata littafin, ajin gaba ɗaya ya rubuta ƙaddara, to ba mu bambance labari da labari ba. Duk da haka ba zan ce kada a taɓa rubuta ta ba. Akwai labaran da marubucin da kansa ya gina su a kan ta: mai ba da labari yana nanata ta, taurari suna shirya abu yana rushewa ba da hannun kowa ba, ƙarshe kuma ya zo ta hanyar da babu wanda ya nema. A irin wannan, ƙaddara tana iya zama mai aikowa da hujja. Abin dubawa shi ne ko tana aiki a cikin zubin labarin, ko kuwa taurari ne kawai ke ambatonta don su rarrashi juna bayan abu ya wuce.

In kin bi duk wannan ba ki sami kowa ba, bar gurbin fayau ki bayyana dalili. Hakan ma sakamako ne. Kuma ki sani wani malamin zai iya cika jadawalin nan ba yadda na cika ba, shi ma da hujjarsa. Saboda haka ki kai wa mai duba aikinki shafuffukan da kika dogara da su kafin ki rubuta babin.

Me ya haɗa wannan da ilimin alamomi? Ni labari nake nazari.

Ai ra'in daga can ya taso. Tun darussan masanin harshe Ferdinand de Saussure da aka buga a 1916, masu wannan fanni suke cewa alama tana samun ma'ana ne daga bambancinta da 'yan'uwanta. Gari na zama da gari na tuwo, tsawon wasali ne ya raba su. A wasan dara in ɗanka ɗaya ya ɓace, ka tsinci wani tsinke ka sa, wasa ya ci gaba, domin ramin da yake ciki da ɓangaren da yake su ne darajarsa. Greimas ya ce labari ma haka yake. Babu mai nema sai da abin nema, babu mataimaki sai akwai wanda ake taimaka wa a kan wani abu. Kura ba muguwa ba ce don sunanta kura. Ta zama mai hanawa ne saboda inda ta tsaya tsakanin wani da burinsa, a wata tatsuniyar kuma ita ce mai nema, Gizo ne ke hana ta.

Ra'in Turawa ne, zai dace da adabin Hausa kuwa?

Kwantar da hankalinka, yana aiki, amma kada ka ɗauke shi kamar wahayi. An tace shi ne daga tatsuniyoyin da jarumi ke fita neman abu ya dawo da nasara. Gizo kuwa sau da yawa babu mai aikensa sai kwaɗayi, babu mai amfana sai cikinsa, ƙarshe ya kwashi kashinsa a hannu. Inda ra'in ya ƙi zama daidai, rubuta hakan ka bayyana dalili. Abin da ke ba ni haushi shi ne ɗalibi ya datse tatsuniyar kakarsa don ta shiga jadawali.

Zan iya amfani da shi a fim ko wasan kwaikwayo ko waƙa?

Fim da wasan kwaikwayo, ƙwarai. Greimas kansa ya amfana da aikin Étienne Souriau na 1950 a kan wasan kwaikwayo. Waƙa kuwa sai in tana ba da labari. Kirari da zuga zalla ba su da abin da za ka zana.

In na zana jadawalin, na gama nazari ke nan?

Ina! Nan ka fara. Na sha karɓar babi mai shafi goma, jadawali ne kawai a jere babu jimla ɗaya ta bayani, kuma duk na mayar da su. Bayan kowane jadawali ina so in ga wa ya sauya gurbi, a wane shafi, me ya jawo, kuma me hakan ya nuna game da jigo.

A wane babi zan sa shi, kuma zan iya kawo maka ka duba?

Bayanin kalmar da tarihinta a babin ra'i, jadawali da sharhinsa a babin nazari. Kawo, zan duba. Amma ka zo da littafin kansa, ka naɗe shafuffukan da ka samo kowane gurbi, domin a gabanka zan buɗe su ɗaya bayan ɗaya.