Bambancin ganin launi bai shafi halal da haram ba

Tun muna yara a garin Mai Wurno na ƙasar Sudan muke jin ana cewa wai kimiyya ta tabbatar kowa da yadda idonsa ke ganin launi, don haka nagarta da mugunta ma kowa da nasa ma'auni. Babu wani fannin kimiyya da ya faɗi haka.

Masu maganar suna da abin kamawa. A Larabcin Sudan ana ce wa baƙin mutum "azrag", wato shuɗi, wanda bai kai shi duhu ba kuma "akhdar", kore. Amma wannan bambancin suna ne kawai. Idon yawancin mutane yana da ƙwayoyin gane launi iri 3, na Bahaushe da na Balarabe duk ɗaya. Akwai masu rikita ja da kore, galibi maza, gadonsa ake yi, kuma likitan ido na gano shi da gwaji. Gwajin nan ganin ido yake aunawa, bai taɓa auna tauye mudu ko cin amana ba.

Ku gwada: ku shimfiɗa atamfa biyu masu launi daban-daban gaban mutum biyar. Za su iya saɓa wa juna kan sunan launin, amma da wuya su kasa bambance su. In an ce muku "bincike ya nuna", ku tambayi wa ya yi shi, me ya auna.

Don Allah a tura wa 'yan'uwa.