Shin dokar Indiya ta halatta ƙone takardun zamanin Turawa?

Tun daga 2021, lokacin da aka fara maganar rushe wani ɓangare na ginin Ma'adanar Takardun Tarihi ta Indiya da ke New Delhi saboda aikin sake fasalin tsakiyar birnin, masana tarihi suka shiga fargaba. Daga nan magana ta yi ta yawo, har wasu ke cewa dokar ƙasar da kanta ta ba da damar a lalata duk takardar mulkin mallakar Ingila da aka rubuta bayan 1892. Wannan fahimta ba daidai ba ce.

Dokar Takardun Hukuma ta 1993 ake nufi. Ta shafi ma'aikatun gwamnatin tarayya, da yankunan da tarayya ke gudanarwa kai tsaye, da kamfanoni da hukumomin gwamnati.

Sashe na 8 shi ne inda ake tuntuɓe, domin magana biyu ya ƙunsa. Ta farko: ba a lalata kowace takardar hukuma sai ta hanyar da ƙa'idoji suka tsara. Ta biyu: takardar da aka rubuta kafin 1892 ba a taɓa ta sam, sai in shugaban ma'adanar ya ga ta lalace har ba za ta ƙara amfani ba, wato irin wadda gara ko danshi suka cinye rubutunta. To ka ga 1892 ƙarin kariya ce ga tsofaffin takardu. Ba ta cire wa na baya kariyarsu ba.

Amma kada mu yaudari kanmu, kariyar ba ɗaya ba ce. Kisan gillar Jallianwala Bagh a Amritsar a 1919, da yunwar Bengal ta 1943 wadda ta ci rayukan miliyoyi, da rabuwar Indiya da Pakistan a 1947, duk sun faɗo bayan 1892. Takardunsu sun dogara ne da tantancewar jami'ai. A ganina da an ja layin zuwa 1947, da hankalin jikokin waɗanda abin ya shafa ya fi kwanciya.

Sai hukunci. Wanda ya lalata takarda ba bisa ƙa'ida ba, ko ya fitar da ita daga Indiya ba da izinin gwamnatin tarayya ba, zai iya shan ɗauri har na shekara 5, ko tarar da ba ta wuce rupi 10,000 ba, ko duka biyun. Ɗaurin yana da nauyi. Tarar kuwa ba ta kai ta tsorata wanda ya san kuɗin da ake sayen tsohuwar wasiƙa ɗaya a kasuwar kayan tarihi ba.

Wasu kuma na cewa an kulle komai. A'a. Takardar da ta haura shekara 30, aka kai ta ma'adanar, kuma ba ta da tambarin sirri, mai bincike na gaskiya yana da damar karanta ta. Matsalar tana wajen tambarin: dokar ta hana a kai takardar sirri ma'adanar, don haka in ma'aikata ba ta cire shi ba, fayil ɗin zai ci gaba da zama a cikin durowarta.

Akwai kuma tarin da hannun wannan doka bai kai gare shi ba. Takardun Kamfanin East India (kamfanin kasuwanci na Ingila da ya mulki Indiya) tun daga 1600, da na Ofishin Indiya, wato ma'aikatar gwamnatin Birtaniya da ta karɓi ragama daga kamfanin a 1858, suna Laburaren Birtaniya a Landan tun 1982, a kan kantoci masu tsawon kusan kilomita 14. Dokokin Birtaniya ne ke iko da su. Ɗalibi daga Kalkata da ke son ganin ainihin takardar da aka rubuta game da kakanninsa, in ba a saka hotonta a intanet ba, sai ya nemi biza da kuɗin jirgi.