Cire Wasannin da Ba Ka So Daga Jerin Manhajar Naɗar Bidiyo ta NVIDIA: Tambayoyi da Amsoshi

Duk mai katin hoto na NVIDIA da ke naɗar bidiyon wasanninsa da manhajar kamfanin yana amfani da ɗaya daga cikin manhajoji biyu: tsohuwar, GeForce Experience, wadda ta fito a 2013 kuma ta zo da ShadowPlay, ɓangaren naɗar bidiyo, a ƙarshen wannan shekarar, ko sabuwar, NVIDIA App, wadda ta gaje ta a watan Nuwamba na 2024. Dukkansu suna nuna jerin wasannin da ke cikin kwamfuta, kuma dukkansu suna da halin cika jerin da abin da mai kwamfutar bai nema ba. Yawancin rikicin yana zuwa ne daga haɗa abubuwa uku wuri ɗaya: jerin da ake gani a fuskar manhajar, fayilolin wasan da ke kan faifai, da bidiyoyin da aka naɗa. Kowanne da inda yake zaune, kuma cire wasa daga jerin ba ya taɓa sauran biyun.

Ni ban saka ko wasa ɗaya a jerin ba. Daga ina manhajar ta samo su?

Da kanta take lalube. Tana da wuraren da take dubawa, galibi Program Files da foldojin manhajojin sayar da wasanni irin su Steam, Epic da makamantansu, sannan tana kwatanta fayilolin da ta gani da wani kundin wasanni da NVIDIA ke sabuntawa ta intanet. Duk fayil ɗin .exe da ya dace da wani suna a kundin, sai ya faɗo cikin jerin. Shi ya sa har manhajojin da ba na wasa ba, irin su OBS Studio, Blender ko Photoshop, suke bayyana. Wanda ya sayi laftof na hannu kuma yakan tarar da wasannin tsohon mai shi a jere, domin foldojinsu na nan a faifan D ko E ba a taɓa su ba.

To ta yaya ake cire wasa daga jerin?

Wasan da manhajar ta gano da kanta ba shi da maɓallin gogewa na gaskiya. Ɓoye shi ake yi. A GeForce Experience, ka buɗe shafin wasan, ka zaɓi Hide. A NVIDIA App, ka shiga Graphics, ka sami wasan a jerin da ke gefen hagu, ka danna ɗigo ukun da ke tare da shi, ka zaɓi ɓoyewa. Inda aka ajiye maɓallin yakan ɗan matsa daga wannan fitowa zuwa waccan, amma yana nan a kusa da sunan wasan. In ka sake shawara, matatar jerin tana da zaɓin nuna ɓoyayyu, daga nan ake dawo da shi.

Wasan da kai ka ƙara da hannunka a NVIDIA App shi ne ake iya cirewa kai tsaye.

Hanya ta biyu ta fi ƙarfi, ita ce hana manhajar leƙa foldar gabaɗaya. Ka shiga Settings, sai Games & Apps, ka duba wuraren bincike. Ka cire foldar da ba ka so a duba, sannan ka danna Scan now. Matsalar ita ce folda ake cirewa, ba wasa ɗaya ba. In duk wasanninka na Steam suna cikin steamapps\common, cire wannan foldar zai tafi da wanda kake so da wanda ba ka so. Dabarar ita ce ka cire babbar foldar, ka ƙara foldar kowane wasa da kake so ɗaya bayan ɗaya. Aiki ne mai cin lokaci ga mai wasanni talatin, ga mai huɗu ko biyar kuwa minti biyu ne.

Na riga na goge wasan daga kwamfuta, amma har yanzu yana cikin jerin. Me ya riƙe shi?

Fara da mai sauƙi: manhajar ba ta sake bincike ba tun da ka goge shi. Danna Scan now, ka rufe ta, ka sake buɗewa. Sau da yawa nan take ake rabuwa.

In ya ƙi tafiya, to akwai sauran abin da ya bari a baya, kuma wurare uku ne ake dubawa.

Na farko foldar wasan kanta. Steam yana goge fayilolin da shi ya sauko da su ne kawai. Duk abin da aka ƙara daga baya, kamar gyare-gyaren da 'yan wasa ke sakawa, fayilolin saiti ko wata manhajar buɗe wasan, yana barinsu a steamapps\common ƙarƙashin sunan wasan. In akwai .exe ɗaya a cikin ragowar, ya ishe NVIDIA ta ce wasan na nan. Ka shiga ka goge foldar da hannu, amma ka fara duba ko akwai ajiyar ci gaban wasanka a ciki, don wasu tsofaffin wasanni a nan suke ajiye ta.

Na biyu kwafin da aka manta da shi. Wanda ya karɓo wasa a faifan waje daga hannun aboki yakan kwafe shi zuwa Downloads ko Desktop kafin ya saka shi, daga baya ya goge wanda ya saka, ya bar na asalin. A shafin wasan, manhajar tana nuna hanyar fayil ɗin ko ta ba ka zaɓin buɗe inda yake. Bi wannan hanyar, ita za ta kai ka ga ainihin abin da take gani.

Na uku shi ne bayanan da manhajojin sayar da wasanni ke riƙewa. Wannan yana faruwa ne idan an goge foldar wasa kai tsaye ba tare da bin hanyar cirewa ba. Steam yana da fayil ga kowane wasa a cikin steamapps mai suna appmanifest da lambar wasan: appmanifest_730.acf na Counter-Strike 2 ne, appmanifest_570.acf na Dota 2, appmanifest_271590.acf kuma na Grand Theft Auto V. Epic yana ajiye nasa a C:\ProgramData\Epic\EpicGamesLauncher\Data\Manifests, fayiloli masu ƙarshen .item da Notepad ke iya buɗewa, sunan wasan na rubuce a ciki. Windows ma tana da nata rikodin a rajista (Registry, ma'ajiyar saitinta), ƙarƙashin reshen Uninstall, inda wasannin Steam ke ɗauke da suna Steam App da lambarsu. Mafi aminci shi ne ka buɗe Steam ko Epic ka danna Uninstall a kan wasan duk da cewa fayilolinsa sun tafi, ko ka cire shi daga jerin manhajojin da ke Settings na Windows. Shiga rajista da hannu don kawai a gyara wani jeri bai cancanci haɗarinsa ba. Mai ɗan kuskure a can yana iya lalata abin da ya fi wannan muhimmanci nesa ba kusa ba.

In na ɓoye wasa, manhajar za ta daina naɗar bidiyonsa?

A'a, kuma a nan mutane da yawa ke cin karo. Ɓangaren naɗa, wanda ake buɗewa da Alt+Z, ba ya tambayar jerin. Shi direban katin, wato manhajar da ke sarrafa katin hoton, yake saurare: duk manhajar da ta fara zana hoto ta hanyar DirectX, Vulkan ko OpenGL, zai iya kama ta. Wasan da ka ɓoye zai naɗu, haka ma wanda bai taɓa shiga jerin ba.

In Instant Replay na kunne, yana naɗa a ɓoye duk lokacin da kake wasa, yana zubar da tsohon yana riƙe mintocin ƙarshe, sai ka danna Alt+F10 ya ajiye. Babu wani zaɓi na cewa a naɗi wannan wasan a bar wancan. Abin da ke hannunka shi ne Alt+Shift+F10, wanda ke kunna shi da kashe shi. Ka kashe kafin ka shiga wasan da ba ka son naɗa, ko ka bar shi a kashe ka riƙa amfani da Alt+F9, wanda ke fara naɗa da tsayar da ita a lokacin da ka ga dama.

Akwai kuma Desktop capture. A GeForce Experience yana ƙarƙashin Privacy control a saitin Alt+Z. In yana kunne, duk abin da ke kan allo yana shiga, har da burauza, hirar WhatsApp ta kwamfuta da shafin banki. Wanda ke raba kwamfuta da wasu, ko mai shagon wasanni, ya kamata ya duba wannan kafin komai.

Highlights daban yake. Shi ne wanda wasan da kansa ke cewa a ajiye wani lokaci, misali kisa ko nasara a Fortnite ko PUBG. Wannan ana iya kashe shi ga wasa ɗaya, ko dai a saitin wasan ko a saitin Highlights na manhajar.

Cire wasanni daga jerin zai ba ni wuri a faifai?

Ko megabait ɗaya ba zai ba ka ba. Wurin yana hannun wasan kansa da bidiyoyin da ka tara, kuma bidiyoyin ne aka fi mantawa da su.

Lissafin ba wuya. Naɗa a 1080p, hoto 60 a daƙiƙa, da gudun megabit 50 a daƙiƙa, yana cin megabait 6.25 kowace daƙiƙa, wato megabait 375 a minti. Instant Replay na minti 5 ya kai kusan gigabait 1.9 duk dannawa ɗaya, in kuma ka kai shi iyakarsa ta minti 20, gigabait 7.5 ne. Mai SSD na gigabait 256 ba sai an gaya masa ba, danna talatin na minti 5 sun cinye fiye da kashi ɗaya cikin biyar na faifan.

Bidiyoyin suna cikin foldar Videos, kowane wasa da tasa foldar mai sunansa, kuma goge wasan ba ya goge ta. Ka duba ainihin hanyar a saitin Alt+Z, a nan ma za ka ga inda fayilolin wucin gadi ke zuwa. Ka jera bidiyoyin bisa girma, ka kwashe waɗanda kake so zuwa faifan waje, ka goge sauran da Shift+Delete ko ka tuna ka zubar da Recycle Bin, in ba haka ba wurin bai dawo ba. In OneDrive na kula da foldar Videos, to kowane bidiyo yana hawa intanet da datarka, gara ka mayar da wurin ajiyar wani faifan.

Don rage girman na gaba, sauke gudun zuwa megabit 20 ko 25 ya wadatar ga bidiyon da za a ɗora a YouTube ko TikTok. Masu katin RTX 40 zuwa sama suna da zaɓin AV1, wani tsarin matse bidiyo, a NVIDIA App, wanda ke ba da hoto mai kyau a ƙaramin fayil.

Me ya sa bidiyona ke shiga folda mai sunan wasan da ban taɓa yi ba, ko wadda ake kira Base Profile?

Sunan foldar daga direba yake zuwa. Direban yana gane wasa da sunan fayil ɗinsa na .exe. In bai san shi ba, sai ya sa shi ƙarƙashin saitin gama-gari, shi ne Base Profile. In kuma sunan fayil ɗin irin wanda wasanni da yawa ke amfani da shi ne, kamar game.exe ko launcher.exe, sai ya ɗauke shi a matsayin wani wasan da aka riga aka yi wa rajista da wannan sunan. Bidiyon lafiyarsa lau, sunan foldar ne kawai ba daidai ba. Ka kwashe shi zuwa inda kake so.

A NVIDIA Control Panel maɓallin Remove ya ƙi dannuwa. Wani abu ya lalace ne?

Bai lalace ba. Jerin da ke Manage 3D settings, ƙarƙashin Program Settings, na direba ne, ba na manhajar naɗa ba. Saitin da ya zo tare da direban ba ya cirewa, sai wanda kai ka ƙara da Add. Ka sa alama a akwatin da ke cewa a nuna manhajojin da ke cikin wannan kwamfutar kaɗai, jerin zai ragu sosai. Waɗanda suka rage ba sa cin komai, kuma a cikinsu ne NVIDIA ke saka gyaran matsalolin wasu wasanni, saboda haka a bar su.

Kafin in ɓoye wasan da har yanzu nake yi, akwai abin lura?

Akwai: Optimize. Wannan maɓallin yana rubuta saiti ne a cikin fayil ɗin wasan kansa, ya canza girman hoton allo (resolution), inuwa da sauransu. Ɓoye wasan ba ya mayar da su. In ba ka son abin da ya yi, danna Revert tukuna. Sannan a Games & Apps ka cire alamar da ke ba manhajar damar gyara saitin sababbin wasanni da kanta, musamman a laftof, inda abin da ta zaɓa kan sa na'ura ta yi zafi fiye da kima.

Jerin ya rikice gabaɗaya: wasa ɗaya sau biyu, gogaggu sun ƙi tafiya. Za a iya farawa daga farko?

Za a iya. Rufe manhajar, danna Win+R, rubuta services.msc, ka tsayar da NVIDIA LocalSystem Container. Sake danna Win+R, rubuta %localappdata%. Foldar da ake nema sunanta NvBackend: ga GeForce Experience tana cikin NVIDIA, ga NVIDIA App tana cikin NVIDIA Corporation, a foldar manhajar. Kada ka goge ta, canza mata suna zuwa NvBackend.old. Sake kunna kwamfutar, buɗe manhajar, danna Scan now, za ta gina sabuwa. Ana buƙatar intanet a wannan matakin don ta sauko da kundin wasannin. Ka shirya sake ɓoye abin da ka ɓoye da sake ƙara abin da ka ƙara. In wani abu ya ƙi aiki, goge sabuwar ka mayar wa tsohuwar sunanta.

Sake saka direba da zaɓin Perform a clean installation wani abu ne daban. Yana share saitin Control Panel da ka yi wa kowane wasa, amma wasan da fayilolinsa ke kan faifai zai sake bayyana a bincike na gaba.

Masu katin AMD fa?

Tsarin kusan ɗaya ne. Alt+R yana buɗe AMD Software: Adrenalin Edition, wasannin suna ƙarƙashin Gaming, kuma daga nan ake ƙara wasa, a sake bincike, ko a kawar da wanda ba a so daga gani. Naɗa tana sashen Record & Stream, bidiyoyin kuma galibi suna tafiya Videos\Radeon ReLive, sunan da ya samo asali daga fitowar direban Disamba 2016. Can ma Instant Replay ba ya duba jerin wasanni, daga Record & Stream ake kashe shi.